SARAKUNAN MAJIGI A ƘASAR JAMUS

Ya ku 'yan makaranta, kun dai karanta a aji cewa cikin shekarar 1918, da aka ci Jamus da yaƙi, Sarkinta Wilhelm na Biyu ya gudu zuwa Holan, Sarkin Ostiriya kuma ya bar gadon iyayensa. To, abin mamaki, shekara goma sha uku bayan haka sai ga mutanen nan da suka rabu da sarakunansu suna biyan kuɗi don su ga sarakuna a majigi. Wasan da muke so mu ba ku labarinsa shi ne Der Kongress tanzt, watau "Taro Yana Rawa", wanda kamfanin UFA ya fitar cikin 1931.

Asalin labarin gaskiya ne. Bayan an kayar da Nafoliyan, sarakunan Turai da waziransu suka taru a Biyana, babban birnin Ostiriya, daga 1814 zuwa 1815, don su sake rabon ƙasashe. Amma shagali da rawa sun yi yawa, har wani tsohon basarake, Ligne, ya yi musu ba'a, ya ce taron rawa kawai yake yi, ba ya ci gaba. Daga ba'ar nan aka sami sunan wasan.

Sauran kuwa ƙagawa ce. Wata yarinya mai sayar da safar hannu, Christel, ta jefa damin furanni cikin keken dokin Sarkin Rasha, Iskandari na Ɗaya. Dogarai suka zaci bam ne, aka kama ta, aka yanke mata bulala. Sarki ya cece ta, so ya shiga tsakaninsu. Wazirin Ostiriya, Metternich, ya yi murna, don yana so soyayya ta ɗauke hankalin Sarki daga zaman shawara. Ashe Sarki yana da wani mai kama da shi ƙwarai, wanda yake turawa wuraren da ba ya son zuwa! Ana cikin rawa sai labari ya zo Nafoliyan ya kuɓuce daga tsibirin Elba. Sarki ya tafi, yarinya ta tsaya tana kallon ƙurar kekensa.

Mu da aikinmu koyar da tarihi ne, tilas mu gyara wani abu. Labarin kuɓucewar ya iso Biyana cikin watan Maris 1815, amma taro bai watse ba. Sai 9 ga Yuni aka sa hannu a takardar ƙarshe. A wurin ne aka yanka ƙasar Folan, aka ba Rasha kaso mafi girma, ba wanda ya tambayi talakawanta. A wurin ne kuma, ran 8 ga Fabrairu, manyan ƙasashe suka yi shelar la'antar cinikin bayi daga Afirka. Ba waɗannan mai wasa ya zo nunawa ba.

Me ya sa jama'a suka so shi haka? Ku dubi shekarar. Cikin Mayu 1931 babban bankin Biyana ya karye, cikin Yuli kuma wani babba ya bi shi a Jamus. Kafin farkon 1932 marasa aiki a Jamus sun kai wajen miliyan shida. Wanda ya wuni yana neman aiki bai samu ba, sarkin da yake so ya gani shi ne mai fara'a, wanda ba ya karɓar haraji, ba ya ɗibar soja, sai dai ya aika wa 'yar talaka keken doki. A ganinmu ba sarautar suke kewa ba, kwanciyar rai suke nema ta sa'a ɗaya da rabi.

Ita ma ba ta daɗe ba. Cikin 1933 Hitila ya hau mulki. Erik Charell wanda ya shirya wasan, da Werner Heymann wanda ya tsara kiɗansa, Yahudawa ne, suka bar ƙasar. Conrad Veidt, wanda ya fito a Metternich, ya koma Ingila da matarsa Bayahudiya. Cikin 1937 gwamnati ta hana nuna wasan sam. Otto Wallburg, mai ƙibar nan da ya fito a dogarin Sarki yana ba mutane dariya, ya fake a Holan, can aka kama shi, aka kashe shi a sansanin Auschwitz cikin 1944.