Yadda Masu Busa Turambon Suka Koyi Karatun Kiɗa

A birnin New Orleans na Amurka, farkon ƙarni na 20, da yawa daga masu kiɗan jaz da kunne suke aiki. Mai turambon, wato kahon tagulla da ake zuge hannunsa gaba da baya, kan zauna a bayan amalanke don hannun ya samu wurin miƙewa, yana cike gurbin da sauran ƙahonni suka bari. Kid Ory, wanda aka haifa a 1886, shi ne gwanin wannan salo.

Neman abinci ne ya kawo takarda. A jiragen ruwan kogin Mississippi, Fate Marable ya matsa wa makaɗansa su iya karanta rubutun kiɗa. A wurinsa Louis Armstrong ya gyara nasa karatun wajen 1919. Da manyan ƙungiyoyi suka zo, abin ya ƙara tsanani. A 1932 Duke Ellington yana da masu turambon 3: Joe Nanton, Lawrence Brown da Juan Tizol. Mutum 3 ba za su busa jimla ɗaya da ka ba. Tizol, ɗan Puerto Rico, har kwafar wa abokan aikinsa takardun kiɗan yake yi.

Wahalar turambon daban take. Ba shi da maɓallai, sai matsayi 7 na hannu, kuma sauti ɗaya kan samu a wuri biyu ko uku. Dole ido ya riga hannu, ya zaɓi hanya mafi kusa kafin a iso. Ga kuma jaz: ana rubuta sautuka biyu daidai wa daida, amma a busa na farko da ɗan tsawo. Shi ya sa malamai ke cewa a fara tafa kiɗan da hannu, a ɗauki sabuwar takarda kullum, kuma in an yi kuskure kada a tsaya. Har yau ɗalibai na bin littafin atisaye na Joannès Rochut na 1928.

Ni dai Melba Liston ta fi burge ni. Tana 'yar shekara 16 ta shiga makaɗan gidan wasa na Lincoln a Los Angeles, inda baƙin mawaƙa ke zuwa da takardunsu, lokacin gwaji kuma kaɗan ne. Daga karatu ta kai ga rubuta wa wasu. Ita ta tsara kiɗan faifan Randy Weston mai suna Uhuru Afrika a 1960, da kuma Highlife a 1963, bayan Weston ya ziyarci Legas.