Man Giyar Otomatik a Ƙasar Zafi: Nazari kan Zaɓinsa da Juyensa a Kajiji da Kewayenta

Tsakure

Wannan maƙala ta duba mas'alar man da ake zuba wa giyar mota mai canza kanta, wadda aka fi sani da otomatik, bisa la'akari da yanayin garin Kajiji na ƙaramar hukumar Shagari a Jihar Sakkwato. An auna ƙa'idojin da kamfanonin ƙera motoci suka shimfiɗa da halin zafi da ƙura da lodi na wannan yanki, aka kuma yi lissafin abin da juye ɗaya yake fitarwa daga cikin giya. Abin da ya bayyana shi ne, launin mai ba hujja ba ne wajen zaɓi, kuma maganar da ta yaɗu cewa juye ne ke kashe giya shubuha ce da ta samo asali daga jinkirin juyen kansa.

Gabatarwa

Duk wanda ya bi babbar hanyar da ta taso daga Sakkwato, ta ratsa Boɗinga da Shagari, ta wuce ta Kajiji zuwa Tambuwal da Jega, in dai ya san hanyar tun zamanin da Peugeot 504 ke mulkin tasha, ba zai rasa lura da cewa motocin da ke kai da komowa a kanta yau wani jinsi ne dabam ba. Waɗancan motoci, da aka soma harhaɗawa a Kaduna a 1975, masu kuloci ne, direba ke sa giya da hannunsa, kuma man da ke cikin giyabos ɗinsu mai kauri ne wanda ba ya da wani aiki sai shafe haƙoran ƙarfe, har mota kan tsufa ba a tuna da shi ba. Da aka shiga zamanin 'yan Kwatano, musamman Toyota Corolla da Camry da Honda Accord waɗanda suka fara rayuwarsu a Amurka, inda otomatik ta fi rinjaye, sai na'ura ta sauya alhali ilimin kula da ita bai sauya tare da ita ba. Bakanike ya gaji hannun ubangidansa, direba ya gaji al'adar direban da ya koya masa tuƙi, dukansu kuwa a kan giyar hannu suka yi karatu. Daga wannan giɓi ne mafi yawan asarar da za a yi magana a kanta take fitowa.

Aikin da man yake yi

Wajibi ne a fara da fahimtar cewa a cikin giyar otomatik mai ba shafi kaɗai yake yi ba, shi kansa gaɓa ce daga gaɓoɓin na'urar. Tsakanin inji da giya akwai wata tukunyar ƙarfe rufaffiya, wadda makanikai ke kira kwanbata, a cikinta fanka ɗaya da inji ke juyawa tana watsa mai a kan wata fankar da ke haɗe da giya, ta haka ƙarfin inji ke ƙetarawa ba tare da ƙarfe ya riƙe ƙarfe ba lokacin tashi. Famfo kuma yana tura man da matsi ta cikin siraran hanyoyi da bawul-bawul, ya je ya matse faifan kuloci masu fuskar takarda da ake ce wa faiba, kuma wannan matsewa da sakewa su ne canjin giyar da direba ke ji. Ban da haka man ne ke kwashe zafi ya kai shi lagireto ya huce.

Mafi laushin al'amarin yana wajen faiba. Ana bukatar man ya bar faifan su ɗan zame na ƙiftawar ido kafin su kama, domin in suka kama farat ɗaya mota ta yi fizga, in kuwa zamewar ta daɗe sai su yi zafi su ƙone. Wannan mizani ba daga asalin man yake ba, daga sinadaran da aka gauraya masa ne, kuma kowane kamfani ya daidaita faifansa da bawul ɗinsa bisa nasa gaurayen.

Tarihin ƙa'idoji da hukuncin zaɓi

Kamfanin General Motors ne ya fara fito da giyar otomatik ga jama'a da yawa, mai suna Hydra-Matic, a motocin Oldsmobile na 1940, ya kuma kafa ƙa'idar mai ta Type A a 1949, sannan Dexron a 1967, shekarar da Ford ya fito da tasa mai suna Type F. Wani abin mamaki a tarihin shi ne, man farko yana ɗauke da kitsen katon kifin tekun nan da Larabawa ke kira hutul anbar, har sai da Amurka ta haramta amfani da shi a farkon shekarun 1970, aka koma neman madadinsa, aka samu Dexron II. Daga nan Dexron III ya zo a 1993, Dexron VI a 2005, kuma tun ƙarshen 2006 General Motors ya daina ba da lasisin Dexron III. Ma'anar wannan ga mai saye a shagon Sakkwato ko a bakin titin Shagari babba ce: galan ɗin da aka rubuta wa Dexron III a yau, shaidar mai haɗa shi kaɗai ke kansa, ba ta kamfanin da ya kafa ƙa'idar ba, saboda haka amincinsa gwargwadon amincin wanda ya haɗa shi ne.

Kamfanonin Japan, waɗanda motocinsu suka fi yawa a wannan hanya, kowa ya kama gabansa. Corolla ta 2003 zuwa 2008 da Camry ta farkon shekarun 2000 suna shan Toyota T-IV. Waɗanda suka biyo baya masu giya shida suna shan WS, wanda ya fi tsinkewa. Honda ta yi amfani da Z1, daga baya DW-1 ya maye gurbinsa. Akwai kuma wani jinsin giya da ake kira CVT, wanda ba ya da matakai sai bel ɗin ƙarfe da ke gudana tsakanin kura biyu, kamar yadda yake a yawancin Corolla 'yan Amurka daga 2014 da motocin Nissan da dama. Wannan nasa man dabam ne ƙwarai, kuma zuba masa man otomatik na yau da kullum hanya ce ta halaka bel ɗin cikin gaggawa.

Bambancin kauri ma abin aunawa ne. A zafin digiri 100, Dexron III yana wajen 7 a ma'aunin kauri na sentistok, Dexron VI bai wuce 6.4 ba, alhali baƙin mai na 20W-50 da aka saba juyewa a inji ya haura 16. Wanda ya ga giyarsa tana jinkiri ya ce bari a sa mata mai kauri don ta ƙara ƙarfi, ya ɗauko hukuncin giyar hannu ya ɗora inda dalilinsa bai tabbata ba.

Amma babban abin da ke ruɗar mai saye shi ne launi. Jan da ake gani rini ne kawai, an sa shi domin a bambanta yoyon giya da yoyon inji a ƙarƙashin mota, kuma T-IV da WS da DW-1 da Dexron duk jajaye ne. Ba mai hankalin da zai karɓi allura a kemis don kawai ruwanta ya yi kama da na wadda likita ya rubuta masa. Haka nan bai kamata a karɓi mai don ya yi ja ba. Hujja tana rubuce a kan sandar awon man giya ko a littafin mota, kuma abin da aka rubuta a can shi za a nema a jikin galan, harafi da harafi. Man da ake cewa ya dace da kowace mota ana iya karɓarsa bisa larura idan an ambaci ƙa'idar motar a jikinsa ƙarara, ba don mai shago ya rantse ba. Wanda aka ɗura a gorar ruwa ana sayarwa da mudu kuwa, ba a san asalinsa ba balle ƙa'idarsa, cinikinsa garari ne tsantsa.

Zafin ƙasa da tsawon ran mai

Giyar otomatik an tsara ta ta yi aiki a wajen digiri 80, kuma sanannen ƙiyasi ne a ilimin mai cewa duk ƙarin kimanin digiri 10 a kan haka yana ninka saurin lalacewarsa, wato ya raba ransa biyu. To, a ƙasar Sakkwato, inda zafin rana a watan Afrilu kan haura digiri 40 a inuwa, iskar da ake sa ran ta sanyaya lagireto ita kanta da ɗuminta take zuwa. Sai a haɗa da lodin buhunan albasa ko gero a but ranar kasuwa, da fasinja fiye da kujeru, da yashin hanyoyin ƙauye inda taya ke juyawa mota ba ta gaba, wanda a nan ne kwanbata ke haifar da zafi mafi tsanani. Ƙurar hunturu kuma takan toshe fuskar lagireto. Littattafan motoci suna da jadawali biyu, na aikin sauƙi da na aikin wahala, kuma a na biyun Toyota ta ambaci mil 60,000, kimanin kilomita 96,000, ga motar da ke jan kaya ko ɗaukar nauyi a Amurka. A ra'ayin mai wannan nazari, motar da ke kabu-kabu tsakanin Kajiji da Sakkwato ta wuce ko wannan jadawali a wahala, kuma kilomita 40,000 zuwa 50,000 ya fi kusa da ihtiyaɗi. A lura kuma cewa agogon 'yar Amurka da mil yake ƙirga, kuma ba kowane agogo ne ya iso hannun mai saye da gaskiyarsa ba.

Akwai wata al'ada da ke taɓa giya ta bayan gida, ita ce cika lagireto da ruwan rijiya tsagwaronsa maimakon ruwan sanyaya inji mai maganin tsatsa. Bututun da man giya ke bi ya huce a cikin lagireton yake; in tsatsa ta huda shi, ruwa ya shiga mai, sai a ga man ya koma kamar madara mai ɗan ja, kuma ruwa yana ɓanɓare fuskar faiba daga ƙarfenta. Wanda ya ga haka kada ya ƙara tuƙa motar ko taku ɗaya.

Shubuhar "kada a taɓa" da yadda ake juye

Magana ce da ake ji a gareji da tasha: man giya ba a taɓa shi, wane ya yi juye, bayan mako biyu giyarsa ta mutu. Labarin sau da yawa gaskiya ne, fassararsa ce kuskure. Mutum ba ya tunawa da man giya sai ranar da mota ta fara jinkirin shiga, ko inji ya yi ƙara ba ta ja ba, alhali a lokacin faiba ta riga ta cinye, garinta ya cika man ya mai da shi baƙi mai kaushi, kuma wannan kaushin ne kaɗai ya rage yana taimaka wa faifan su kama. Da aka zubar da shi aka sa sabo mai santsi, sai aibin da ke ɓoye ya fito fili. Juye bai kashe giyar ba, a kan gargara ya same ta.

Rarrabewa tsakanin halin biyu ba ta bukatar na'ura. A zaro sandar awo a ɗiga man a kan farar takarda: in ja ne garau ko ya ɗan yi ruwan ƙasa, ya kuma bazu a takardar, juye zai amfane shi, in baƙi ne yana warin ƙuna, ko an murza shi tsakanin yatsu an ji tsakuwa-tsakuwa, to maganar ta wuce ta mai, ta koma ta gyara. In an kwance farantin ƙasan giya, a dubi maganaɗisun da ke manne a cikinsa: laushin toka-toka kamar kwalli abu ne na al'ada, amma ɓarɓashin ƙarfe mai ƙyalli shaida ce ta ɓarna.

Sai lissafi. Giyar irin waɗannan motoci tana ɗaukar wajen lita 7 zuwa 8, amma kwance noti na ƙasa ba ya fitar da fiye da lita 3 zuwa 4, saura yana maƙale a kwanbata da bututai. In an ɗauka lita 3 ke fita daga 7.5, wato kashi 40 cikin 100, to bayan juyen farko kashi 60 tsohon mai ne, bayan na biyu 36, bayan na uku kimanin 22. Saboda haka motar da aka saya ba a san tarihinta ba, a yi mata juye uku, ana ɗan tuƙa ta tsakanin kowanne, wanda shi ne tafarkin da Honda ta zaɓa wa motocinta maimakon wankewa da injin matsi. A auna abin da ya fita a mayar da daidai shi, domin ƙaranci yana sa famfo ya sha iska, yawa kuma yana sa man ya yi kumfa, sakamakonsu ɗaya. Awon ma ya bambanta: Toyota ana auna ta a fili mai daidai, da zafinta, inji na aiki, giya a kan P, Honda ta waɗancan shekaru sai an kashe inji a auna nan take. Masu shan WS da yawa ba su da sandar awo sam, ta wani noti ake daidaita su, man yana tsakanin digiri 35 zuwa 45, aikin da ke bukatar na'urar karanta zafi. Garejin da ba shi da ita, ya fi masa mutunci ya tura motar Sakkwato.

Wanda nauyin yake kansa

Malaman Malikiyya sun daɗe da tabbatar da lamunin masu sana'a a kan abin da aka damƙa musu suka kaɗaita da shi, kamar yadda ya zo a Risala ta Ibn Abi Zaid, kuma ba a ga abin da zai fitar da bakanike daga wannan babi ba idan ya zuba wa mota man da ba nata ba alhali ƙa'idarta na rubuce a gabansa. Algus a cikin galan kuwa hurumin Hukumar Kula da Ingancin Kayayyaki ta Nijeriya ne, SON, sai dai sufetonta ba ya tsaye a kowane shago. Don haka ana kira ga shugabannin ƙungiyar makanikai ta NATA da na direbobi a Shagari da Boɗinga su ɗora wa 'ya'yansu abu biyu: a buɗe galan a gaban mai mota bayan an karanta masa ƙa'idar da ke kan sandar awonsa, a kuma rubuta sunan man da lambar agogo a takarda a ajiye cikin motar domin juye na gaba.