Daga Ƙwan Roba Zuwa Kyamarar Waya

A watan Nuwamban 1996 kamfanin Bandai na Japan ya fito da Tamagotchi, wani ɗan abin wasa mai siffar ƙwai da maɓallai uku. Dabbar da ke cikinsa ba ta wuce 'yan ɗige-ɗige baƙaƙe ba, amma tana jin yunwa, tana kashi, tana ciwo, kuma in aka yi sake da ita sai ta mutu. Tsoron mutuwar nan shi ya kama yara. Suka riƙa tafiya da ita aji, tunda yunwarta ba ruwanta da lokacin darasi, har makarantu da dama suka hana shiga da ita.

Daga nan masu ƙira suka mai da hankali kan abin da ido zai gani. Nintendogs na 2005 ya kawo ɗan kwikwiyon da ake shafawa a allo, a kira sunansa ya taho. A 2009 Sony ya sa kyamara ta ɗauko daɓen falonka, dabbar EyePet ta hau tana tsalle. My Talking Tom na 2013, magen nan mai kwaikwayon magana da yaranmu ke ƙarar mana da caji a kansa, shi ya shiga aljihun kowa.

Kamfanin Niantic ne ya fitar da abin titi da Pokémon GO a 2016, sannan a Mayun 2023 ya saki Peridot. A nan kana ɗaga waya, sai ga halittar a tsakar gidanka, tana ɓuya bayan kujera. Kyamarar tana bambance yashi da ciyawa da ruwa; ka zana da'ira da yatsa, dabbar ta tona ta fito da abin da ya dace da wurin. Kowace da kamanninta, waɗanda ta gada daga iyayenta.

Sai dai dabbar Peridot ba ta mutuwa. Ka yi wata ba ka leƙa ta ba, za ka same ta garau. A ganina nan aka yi asara, domin kiwon da ba fargaba a ciki bai cika riƙe zuciya ba. Abin da aka sa a gurbin fargabar shi ne kuɗi: lokacin da wasan ya fito, mai son ƙyanƙyasar sabuwar dabba sai ya sayi sheƙa, kuma 'yan wasa sun yi ta ƙorafi a kai. Da Niantic ya sayar wa kamfanin Scopely wasanninsa kan dala biliyan 3.5 a 2025, Pokémon GO na cikin cinikin, Peridot ba ya ciki.