Sunan Dangi: Gadon Kakanni ko Aikin Masu Haraji?

A ranar 21 ga Yuni, 1934, majalisar dokokin Turkiyya ta zartar da doka mai lamba 2525, wadda ta wajabta wa kowane ɗan ƙasa ya ɗauki sunan dangi, wato suna ɗaya da zai bi shi, ya bi 'ya'yansa da jikokinsa. Aka ba jama'a wa'adin shekara biyu, wanda ya yi sakaci kuma jami'in gwamnati ya zaɓa masa. Kafin wannan lokaci Baturke Musulmi sunan yanka yake amsawa, in ana son bambanta shi da takwaransa sai a haɗa da sunan ubansa, ko sana'arsa, ko garinsu. Dokar ba ta bar zaɓin sakaka ba: ta hana sunan muƙami, da sunan ƙabila, da na baƙin al'ummai, da duk sunan da zai jawo dariya ko ya saɓa wa ɗa'a. Cikin watan Nuwamba na shekarar majalisa ta raɗa wa shugaban ƙasa Mustafa Kemal sunan Atatürk, Uban Turkawa, ta kuma soke laƙubban girmamawa irin su Pasha da Bey da Efendi da Haji a takardun hukuma. Firayim ministansa, Ismet, ya zama İnönü, sunan wurin da ya yi nasarar yaƙi a 1921. Talakawa kuwa suka rungumi sunaye masu nuna jarunta, shi ya sa yau Turkiyya ta cika da Yılmaz, wanda ba ya razana, da Demir, ƙarfe, da Kaya, dutse. Mai jin waɗannan sunaye zai zaci sun yi shekara dubu, alhali ba su cika ɗari ba.

Abin da ya faru a Turkiyya cikin shekara biyu shi ne ya faru a ƙasashe da dama, wasu da gaggawa, wasu sannu a hankali. Sunan dangi da ake gada ba ya canjawa, a mafi yawan wuraren da ake amfani da shi yau, buƙatar hukuma ce ta haife shi, ba buƙatar iyali ba. A ƙauyen da kowa ya san kowa, ba a rasa gane wane Audu ake nufi. Wanda ke shan wahala shi ne baƙon da ya zo da littafi yana neman wanda bai biya haraji ba, ko saurayin da ya isa shiga soja.

Filifin ce ta fi fito da wannan fili. Bayan Sifaniyawa sun yaɗa addinin Kirista a tsibiran, mutane da yawa suka riƙa ɗaukar sunayen addini iri ɗaya, irin su de la Cruz da de los Santos, wa da ƙane ma kowa da nasa, har masu karɓar haraji suka rasa gane kan rajistarsu. A ranar 21 ga Nuwamba, 1849, Gwamna Narciso Clavería ya ba da umarni a rarraba wa larduna kundin sunaye dubbai da aka jera bisa haruffa, kowane magidanci ya ɗauki ɗaya. A wasu wuraren shafukan da suka iso gari su ne rabon mutanen garin. Har yau a garin Oas da ke lardin Albay, sunayen iyalai masu yawa da harafin R suke farawa. Ke nan Bafilifine mai sunan Sifaniyanci ba lallai ne yana da jinin Sifaniyawa ba. Shafin da ya faɗo wa kakansa ne kawai. Japan ma haka: a 1870 aka yarda wa talakawa su riƙa amfani da sunan dangi a hukumance, da aka ga suna jan ƙafa sai aka mayar da shi tilas a 1875, shekara biyu bayan kafa dokar ɗibar samari aikin soja. Manoma da dama suka dubi inda suke zaune suka ɗauko suna, irin su Tanaka, tsakiyar gonar shinkafa, da Yamamoto, gindin dutse. A Turai, Sarki Joseph na Biyu ya tilasta wa Yahudawan daular Ostiriya ɗaukar sunan dangi a 1787, Napoleon ya yi wa mutanen Holan haka a 1811. Ingila ba ta yi doka ɗaya ba, amma tsakanin zuwan Normawa a 1066 da wajajen 1400 laƙubba irin su Smith, maƙeri, da Taylor, tela, suka daskare suka zama gado, a daidai zamanin da rajistar filaye da ta kotuna da ta harajin kai ke ƙaruwa.

Mai musu zai ce ai akwai al'ummomin da suka mallaki sunayen dangi tun kafin wani magatakarda ya iso musu, kuma gaskiyarsa. Sinawa suna da su tun kafin haihuwar Annabi Isa. Mandinkawa suna da Keita da Tarawore da Kulibali, Fulanin yamma suna da Jallo da Ba da Bari da So, Larabawa kuma suna da nasaba da nisba, waɗanda suka ba mu Bukhari mutumin Bukhara da Magili ɗan ƙabilar Magila. Sai dai aikin waɗannan sunaye daban ne. Jallo yana gaya maka wa za ka yi wa wasan taubasantaka, wa maroƙi zai wasa da wane kirari, amma ba ya ware mutum ɗaya daga cikin dubban masu amsa shi. Suna ne na tara mutane, na hukuma kuwa na tsamo mutum ɗaya ne daga taro. Ko a Sin ɗin, masana da dama suna danganta yaɗuwar sunan dangi daga gidajen sarauta zuwa talakawa da rajistar gidaje da daulolin farko suka yi don haraji da aikin tilas.

Ƙasar Hausa ba ta taɓa rasa hanyar gane mutum ba. Akwai sunan yanka, akwai na rana irin su Ɗanladi da Talatu, akwai na yanayin haihuwa: Tanko wanda ya biyo mata, Kande wadda ta biyo maza, Gambo mai bin tagwaye. Sunan uba kuma a kan ɗa yake tsayawa, ba ya wucewa zuwa jika. Shehu Usmanu ɗan Fodiyo ne, amma ɗansa Muhammadu Bello ake kira, 'yarsa kuma Nana Asma'u. Makarantar boko ce ta fara sauya tsarin. Da aka tara yara daga larduna daban-daban a makarantun Midil da Kwalejin Katsina, rajista ta cika da Muhammadu da Abubakar, sai sunan gari ya zama abin rarrabewa. Daga nan aka samu Abubakar Tafawa Ɓalewa, da Aminu Kano, da Sa'adu Zungur, da Shehu Shagari. 'Yar'aduwa unguwa ce a birnin Katsina, amma daga Musa 'Yar'aduwa zuwa 'ya'yansa Shehu da Umaru ta zama sunan gida da duniya ta sani.

Musu na biyu ya fi nauyi: ko da hukuma ce ta ƙirƙiro shi, ai talaka ya amfana, tunda da shi ake tabbatar da gado da takardar fili da fasfo. Wannan ma ba ƙarya ba ne, amma amfanin daga rajistar yake fitowa, ba daga sigar sunan ba. Aislan ta isa hujja. Yawancin mutanenta har yau sunan uba suke amsawa, namiji a ƙara masa son, mace a ƙara mata dóttir, littafin lambobin wayarsu ma da sunan farko aka riƙa jera shi, tun 1925 kuma doka ta hana ƙirƙirar sabon sunan dangi. Duk da haka ba a jin an rasa mai biyan haraji a can, domin kowa yana da lambar shaidarsa. Sannan hukumar da ta iya raɗa suna ta iya ƙwace shi. Japan ta matsa wa Koriyawa su ɗauki sunaye irin nata a 1940. Gwamnatin gurguzu ta Bulgeriya ta tilasta wa Turkawan ƙasar sauya sunayensu zuwa na Bulgeriyawa a 1984 da 1985, kuma a 1989 fiye da mutum 300,000 suka tsallaka zuwa Turkiyya, ƙasar da ita kanta ta hana Kurdawanta rajistar sunayen ƙabilunsu fiye da shekara hamsin kafin nan.

Nijeriya ba ta yi doka irin ta Turkiyya ba, amma fom yana yin aikin da dokar ta yi. Takardar jarrabawa da ta banki da katin ɗan ƙasa duk suna da gurbin sunan dangi, kwamfuta kuma ba ta wucewa sai an cike shi. Wani ya sa sunan uba, wani na kaka, wani na gari, har ka ga 'yan ɗaki ɗaya uku da sunaye uku, ko mutum ɗaya da takardu biyu da suka saɓa wa juna, ya ƙare a kotu yana rantsuwar cewa shi ne shi. Yawanci laifin jahilci ake ɗora masa, alhali gurbin ne aka tsara shi don wani tsarin suna da ba nasa ba.