Me Ayana ta ba Bayajidda ya ci? Zare kan tarihin Daura daga cikin ƙwarya

1/
Yau zaren tarihi ne, amma ta wajen abinci za mu ɓullo masa. Yana da ɗan tsawo, ku gyara zama. Wanda bai karya ba ya nemi abin taɓawa tukuna, kada ya zage ni a tsakiya.

2/
Kwanakin baya abokaina biyar da muka yi jami'a tare suka kawo min ziyara Daura. Na yi musu abin da kowane ɗan gari yake yi wa baƙo: rijiyar Kusugu, ƙofar fada, hoto nan, hoto can. Kafin azahar mun gama. Sai na ji ɗaya yana tambaya ko za su isa Kano da wuri su ci abinci.

3/
Maganar ta tsaya min a rai. Garin da ake kira tushen Hausa Bakwai, amma baƙo ya kurɓi ruwan rijiya ya tafi wani gari neman abinci? Na ce wallahi ba inda za ku. Ku kwana, gobe in zaga da ku a ƙafa, kuma kada wanda ya ci komai kafin mu fita.

4/
Ba ni na ƙirƙiro dabarar ba. A tsofaffin birane irin su Bordeaux a Faransa da Florence a Italiya sana'a ce zaunanniya. Ɗan jagora zai ɗauki baƙi kaɗan, ya bi da su lungu-lungu, su ɗanɗani cuku da burodi da giyar inabi, yana ba su tarihin kowane abu da suka sa a baki.

5/
Mu giya ba ta cikin lissafinmu, addini ya hana. Amma wannan bai kashe maganar ba. A Fas ta Maroko da Istanbul ta Turkiyya ana irin wannan yawo da shayi da gasasshen nama da kayan zaƙi. Mu da muke da fura da kunu da zoɓo, me ya rage mana?

6/
Washegari muka sake farawa daga Kusugu. Kun san labarin: Bayajidda ya iso Daura da dare, ya sauka gidan wata tsohuwa mai suna Ayana, ya nemi ruwa. Ta ce babu, macijin da ke rijiyar ba ya bari a ɗiba sai ranar Juma'a. Ya je ya kashe shi, ya auri Sarauniya Daurama.

7/
Ina gama bayani sai ɗaya daga cikinsu ta ce: "To ruwa dai babu, mun ji. Abinci fa? Me Ayana ta ba shi ya ci?" Kowa ya yi dariya. Ni ban yi ba, don tambayar ta kama ni. Tun ina yaro nake jin labarin nan, ban taɓa jin an ambaci tuwo a ciki ba.

8/
Amma ana iya lissafawa. Ana ɗora zamanin Bayajidda wajajen shekara 1000 da suka wuce. Idan muka san abin da ake nomawa a ƙasar nan a lokacin, da abin da bai riga ya iso ba, za mu iya leƙa rumbun Ayana. Wannan lissafin shi ya zama yawonmu na ranar.

9/
Zango na farko: wajen mai fura. Gero shi ne dattijon abincinmu. Masu tonon tarihi sun samu alamun noman gero a kwarin Tilemsi da ke Mali na kimanin shekara 4,500. A yankin Sahel ɗin nan aka fara noma shi, daga nan ya tafi har Indiya. Gero kam yana gidan Ayana.

10/
Ga wani labari da nake so. A 1352 matafiyin nan ɗan Maroko, Ibn Battuta, ya ƙetare Sahara ya sauka Walata. Aka karrama shi da dakakken gero da nono da ɗan zuma a cikin ƙwarya. Mutumin ya raina abin, har ya yi nadamar zuwa. Ku duba fa, ɗan'uwan fura aka ba shi!

11/
Raininsa ya yi mana amfani, don ya rubuta. Shi ya sa yau muke da shaidar cewa shekara 670 da wani abu da suka wuce, da gero da nono ake tarbar babban baƙo a ƙasashen nan. Bajamushe Heinrich Barth da ya iso Katsina da Kano a 1851 shi ma ya tarar ana shan fura, ya rubuta sunanta.

12/
Ina wannan surutu mai furar tana damu, ludayi na kai da kawowa. Sai ta ce: "Ɗana, wanda ya raina fura bai taɓa yini a gona ba." Na ce Inna kin gama magana. Abokina da ya ce shi ba ya shan fura sai da ya nemi ƙari.

13/
Ku lura da ƙwaryar nan da kyau. Gero na manomi ne, nono na makiyayi. Kowane shi kaɗai abinci ne, amma sai sun haɗu ake samun fura da nono. A wannan zamani da ake ta zubar da jini tsakanin ɓangarorin biyu a wasu sassan jiharmu, ni ƙwaryar fura takan sa in yi shiru.

14/
Kayan yajin cikinta ma matafiya ne. Kimba da masoro daga dazuzzukan kudu suke zuwa. Citta mai yatsu asalinta Asiya. Kanumfari kuwa daga tsibiran Maluku na Indunusiya ya fito, sunan ma daga Larabci muka aro shi. A dunƙulen fura ɗaya ga Sahel, ga kurmi, ga Asiya.

15/
Zango na biyu: ƙosai da kunun tsamiya. Wake ɗan Afirka ta Yamma ne, tsamiya ma 'yar Afirka ce. Ƙosai har ya yi ƙaura: bayin da aka kwasa daga gaɓar teku sun tafi da shi Brazil, inda har yau ake soya shi a Bahia da sunan acarajé. Sai dai man gyaɗar da ake suyar da shi nan baƙo ne. Zan dawo kansa.

16/
Zango na uku, da azahar, gidan gwaggona: tuwon dawa miyar kuka, da man shanu. A nan na ce musu, in dai kuna son ku ci abin da ya fi kusa da tukunyar Ayana, to ga shi. Dawa tamu ce, kuka tamu ce, daddawa tamu ce. Babu ɗaya da ya hawo jirgin ruwa.

17/
Daddawa aiki ce ba wasa ba. A samo kalwa daga ɗorawa, a dafa ta ta yi laushi, a surfe a wanke, a sake dafawa, a rufe ta kwanaki ta ruɓa yadda ake so, sannan a kirɓa a shanya. Gwaggo ta ce cikin jikokinta mata babu wadda ta iya. Kowa ya koma magi.

18/
Gishirin miyar ma da tarihinsa. Littafin Tarihin Kano ya nuna a zamanin Sarki Yakubu, 1452 zuwa 1463, Asbinawa suka zo Gobir, gishiri ya yawaita a ƙasar Hausa. Ayarin raƙuman Buzaye ke ɗauko kantu daga Bilma, su koma da gero. Wato geronmu shi ne kuɗin gishirin.

19/
Yanzu ga jerin abin da Ayana ba ta taɓa gani ba: masara, rogo, gyaɗa, dankali, tumatir, barkono, attaruhu, tattasai. Duk daga nahiyar Amurka suke, kuma ba su ƙetaro ba sai bayan tafiyar Columbus ta 1492. Eh, har barkono. Miyar Daurama ba ta da ja.

20/
A nan aka yi min ca. Wai yaya za a yi Bahaushe ya rayu babu barkono? Na ce da masoro da kimba da citta. Yaji yana nan, irinsa ne daban. Abin da muke rantsuwa cewa gadon kaka da kakanni ne, wani bai fi shekara 400 ko 500 a tukunyarmu ba.

21/
Zango na huɗu, da la'asar: wajen mahauta. Shanya nama a rana daɗaɗɗiyar dabara ce ta matafiya. Amma kilishin da muka sani, wanda ake tsomawa a labu na tunkuza da barkono kafin a sake shanyawa a gasa, dole ya jira isowar gyaɗa. Haka tsire da ƙulinsa.

22/
Turawan Fotugal ne suka kawo gyaɗa gaɓar Afirka ta Yamma a ƙarni na 16. Ta daɗe tana zaman amfanin gida. Da layin dogo ya iso Kano a 1911, daga 1912 cinikinta ya fashe, har aka kai ga dalar gyaɗa. Ƙuli-ƙulin da kake taunawa jikan wannan tarihin ne.

23/
Wasu abincin kuma sunansu ke tona asirinsu. Alkama, alkaki, albasa, gurasa, shayi: duk kalmomin Larabci ne da suka biyo fatake da malamai ta hanyoyin Sahara. Idan an kawo alkaki cikin garar amarya, ku tuna sunansa sai da ya ƙetaro hamada.

24/
Muka rufe da goro bayan magariba. Goro ba ya fitowa a ƙasarmu, amma babu ɗaurin aure ko suna sai da shi. Fatake ke tafiyar watanni zuwa Gwanja, a arewacin Ghana ta yau, su ɗauko shi a kan jakuna. Zangon Hausawa da ke Salaga da Kumasi wannan fataucin ne ya haife su.

25/
Wani ya tambaye ni me ya sa abincin Daura da na Magarya da Damagaram kusan ɗaya ne. Amsar tana cikin tarihin sarauta. A 1805 mayaƙan jihadi ƙarƙashin Malam Isiyaku suka karɓi Daura, Sarkin Gwari Abdu ya fita. Zuriyarsa suka kafa sarauta a Zango da Baure.

26/
Sai a 1906 Turawan Ingila suka dawo da Malam Musa kan gadon Daura. A tsakanin nan su da Faransa suka ja layin iyaka, dangi suka rabu, wasu a Najeriya wasu a Nijar. Layin ya raba haraji da tuta, bai raba tukunya ba. Je kasuwar Mai'aduwa ranar Lahadi ka gani da idonka.

27/
To me ya sa nake wannan dogon zare? Saboda wasu sun riga mu farkawa. UNESCO ta sa tsarin cin abincin Faransawa cikin gadon al'adun duniya a 2010. Dafa-dukar shinkafa da kifi ta Senegal ta shiga a 2021, attiéké na Kwaddibuwa a 2024. Hawan sallar Kano ma ya shiga a 2024.

28/
Mu kuma baƙi suna zuwa. Suna zuwa Sallar Gani, suna zuwa Kusugu, ga layin dogon Kano zuwa Maraɗi da aka ƙaddamar da aikinsa a 2021 ta Daura zai bi. In ba mu shirya ba, za su ci gaba da yin hoto su wuce, mai fura da mai daddawa ba su ga ko sisi ba.

29/
Abin ba ya buƙatar jari mai yawa. Matashi ɗaya da ya san tarihi ya kuma san lungu. Baƙi kaɗan, don gidan mutane ba tasha ba ce. A nemi izinin masu gida, a kula da tsabta, a biya mata kuɗin aikinsu da mutunci, kada a ɗauki hoton kowa sai ya yarda.

30/
Kuma a faɗi gaskiya. Kada a ce wa baƙo Bayajidda ya ci kilishi don labari ya yi daɗi. Gaskiyar ta fi daɗi: in Ayana ta ba shi wani abu a daren nan, mafi kusa shi ne gero ko dawa, fura ko tuwo, miyar kuka da daddawa, babu barkono.

31/
Abokaina kwana biyu suka ƙara. Wadda ta yi tambayar ta tafi da ƙullin daddawar gwaggo a jakarta, duk motar ta ɗauki wari, ba wanda ya yi ƙorafi.

32/
Aikin gida: wanda kakarsa ke raye ya je ya tambaye ta wane abinci ake yi tana yarinya wanda yanzu an daina. Ka rubuta sunan, da yadda ake yi, da garinku, ka ajiye min a ƙarƙashin zaren nan. 'Yan Zango, Baure, Sandamu da Mai'aduwa, ina jiran ku. Allah ya ja kwanan iyayenmu.