Wa Ke da Ikon Yafe Jini?

Kafin 1960, a kotunan alƙalai na Arewacin Nijeriya, jini haƙƙin dangin mamaci ne. Bisa mazhabar Malikiyya, in ba kisan gilla ba ne, idan magada suka yafe kisasi ko suka karɓi diyya, mai kisa ya tsira da ransa, sai bulala 100 da ɗaurin shekara guda. Dokar Final Kod, wadda aka ɗauko samfurinta daga Sudan, ta sauya wannan a 1960: kisa ya koma laifi ga hukuma, sulhu ya tsaya kan ƙananan laifuffuka kamar ɓata suna. A 2000 Zamfara ta maido da diyya, yafiya ta koma hannun magada.