Rauhani

Larabci ne ya ba mu kalmar nan, daga ruhani, wato abin da ya danganci ruhi. A bakin Bahaushe ta zama rauhani, jam'inta rauhanai, ma'anarta kuma ta ƙuntata: halitta ce ta ɓoye da ake cewa ana kiranta ta zo ta yi wa mutum hidima.

A Larabci ruhi da rihu, wato iska, saiwarsu ɗaya ce. Shi ma Bahaushe tun kafin zuwan Musulunci iska yake kiran halittun ɓoye, har yau 'yan bori iskoki suke cewa. Sai dai kalmomin sun raba aiki. Iska hawa mutum take yi, da garaya da kiɗan ƙwarya. Aljani ya fi faɗi, na kirki da mugu duk ya haɗa su. Rauhani kuwa na malamin tsibbu ne, wanda ake cewa yana shiga halwa, ya zana hatimi, ya ƙona turare, ya yi ta wuridi har baƙon ya bayyana. Littafin Shamsul Ma'arif da ake danganta wa Ahmad al-Buni yana cikin waɗanda ake jingina wannan sana'a gare su, malamai da yawa kuma suna hana karanta shi.

A littattafan yaƙi da finafinan Hausa an rage wahalar. Boka ya leƙa ƙwaryar tsafi, hayaƙi ya turnuƙe, sai ga rauhani ya keto daga wata duniya da saƙo. A ganina marubutan nan kan haɗa boka da malami a riga ɗaya, alhali mai sauraro na da ya san bambancinsu.